Ɗana ba ya bambance ja da kore

Uwar Yara: Assalamu alaikum. Ɗana mai shekara 7 yana karatu lafiya lau, amma idan na aike shi ya zaɓo nunannen tumatir, sai ya haɗo da ɗanye, kuma ya dage cewa duk iri ɗaya ne. Shin ciwon ido ne?

Malamin Kimiyya: Wa alaikumus salam, Hajiya. A cikin ido akwai ƙwayoyi iri 3 masu tantance launi, kuma idan masu karɓar ja ko kore suka yi rauni, sai launukan biyu su rikice wa mutum. Yawanci gado ne ta wajen uwa, shi ya sa ya fi kama maza. A Turai kusan namiji 1 cikin 12 yana da shi.

Ma'aikaciyar Jinya: Ki kai shi asibitin ido a yi masa gwajin Ishihara, wanda wani likitan Japan ya fito da shi a 1917, inda ake ɓoye lamba cikin ɗige-ɗige masu launi. Na gado ba ya warkewa, amma ba ya ƙaruwa. Don Allah ki sanar da malaminsa, kada a riƙa dukansa kan abin da ba laifinsa ba ne.