Don Allah ya aka ɗauki wannan shot ɗin a 1964 ba duron, wato kyamara mai tashi sama?

Mai_Kyamara_KofarSoro:
Salamu alaikum 'yan uwa. Ni ɗaukar biki da hawan sallah nake yi a nan Katsina, jiya wani ya turo min guntun wani tsohon fim baƙi da fari wai shi Soy Cuba, wallahi na maimaita shi ya fi a ƙirga har chajina ya ƙare. Jana'iza ce ake yi a titi, kyamara ta fara daga cikin jama'a sai ta bi jikin bene ta hau sama, ta shiga ta taga wajen masu naɗa sigari, ta sake fita ta wata tagar tana shawagi a saman mutane kuma duk ba yanka ko ɗaya. Wa ya yi fim ɗin nan, kuma da mi suka ɗaga kyamarar?

Malam_Na_Daura:
Wa alaikumus salam ƙanena. Daraktan Mikhail Kalatozof ne, mutumin Jojiya, an haife shi a Tibilisi a 1903 ya rasu a Mosko a 1973. Abin da mutane ba su cika lura da shi ba, shi kansa da riƙon kyamara ya taso kafin ya zama darakta, shi ya sa idonsa ya bambanta. A 1930 ya yi fim kan mutanen tsaunin Sibaneti da wahalar da suke sha wajen samun gishiri, sai wanda ya biyo baya na labarin sojan da ƙusa ta soke a takalmi hukumar Tarayyar Sobiyet ta hana nuna shi, daga nan ya yi shekaru yana aikin ofis a harkar fim ba ya ɗauka, har Amurka aka tura shi wakilci lokacin yaƙin duniya na biyu. Ka duba fa, mutum mai irin wannan baiwa a ajiye shi bayan tebur, abin yana min ciwo duk sanda na tuna. Daga baya ya koma ɗauka, a 1957 ya fito da Letyat Zhuravli, wato gauraki na tashi, wanda ya ci Palme d'Or, babbar kyautar bikin finafinai na Kan a Faransa, a 1958, kuma shi kaɗai ne fim ɗin Tarayyar Sobiyet da ya taɓa cin wannan kambun.

Hajiya_Edita:
Malam ka manta da Sargei Urusefski ai, shi ne mai ɗaukar hoton Soy Cuba da Letyat Zhuravli duka biyun, kuma ni a wajena rabin yabon nashi ne. Ya yi ɗauka a fagen daga lokacin yaƙi, riƙe kyamara a hannu ana gudu ba baƙon abu ba ne gare shi. Na jana'izar nan igiyoyi da kura, wato abin da igiya ke gudu a kai, suka ɗaura tsakanin benaye, ka sake kallo da kyau bayan ta fita taga za ka hango wayoyin a sama. Ƙaramar kyamarar Faransa ce Éclair mai sauƙin ɗauka, da gilashi mai faɗi sosai. Ka nemi shot ɗin otal da ke cikin Soy Cuba ma, daga rufin bene har cikin ruwan wanka.

Malam_Na_Daura:
Gaskiyarki Hajiya, na karɓi gyara. Kuma da Soy Cuba ya fito ba a so shi ba, 'yan Kuba suka ce ba su ba ne a ciki, a Mosko ma aka yi watsi da shi, sai a 1995 manyan daraktocin Amurka Martin Scorsese da Francis Coppola suka sa sunansu aka fitar da shi a Amurka, lokacin Kalatozof da Urusefski sun daɗe da rasuwa.

Mai_Kyamara_KofarSoro:
Allah Ya saka da alheri Malam, Hajiya na gode, na ga wayoyin yanzu wallahi! Ina tunanin hawan sallah mai zuwa in gwada daga ƙasa wajen dawakai in miƙa wa yarona kyamara a saman soro ba tare da na tsayar ba. Hajiya in girgizar ta yi yawa a wajen miƙawar za ki iya gyara min ita a editin?