"Magana zarar bunu ce": wa ya yi amfani da shi daidai, Hajiya ko yayana?

Ɗan Kurna: Salam jama'a. Jiya an yi rigima a gidanmu. Yayana wata irin lalura ce ta kama shi, duk abin da kunnensa ya ji sai ya ɗauka a waya, kiran assalatu, luguden maƙwabta, ruwan sama a kan kwano, har ƙarar injin markaɗe, memori uku ya cika kuma in ka ce ya goge ko ɗaya sai jikinsa ya hau ɓari. To akwai maganar da matarsa ta yaɓa masa cikin fushi tun azumin bara, jiya ya kunno mata ita. Hajiya ta ce haba kai kuwa, magana ai zarar bunu ce, ta riga ta wuce. Shi kuma ya ce ai shi ya sa yake ajiye bunun. Wallahi abin yana damuna.

Maman Ilham: Hajiya ta yi don a sasanta ne amma karin nan gargaɗi ne kafin ka buɗe baki, ba bayan ka faɗa ba.

Bazazzagi: A'a Maman Ilham, bunun da aka zare ai iska ke tafiya da shi. Babu mai tsintowa ya dinga nuna wa mutane.

Malam Ƙarami: Mala'iku masu ɗaukar magana suna nan tun kafin waya, ku duba Suratu Ƙaf aya ta 18. Amma ku kai shi asibiti tare da addu'a, ɓarin jikin nan ba wasa ba ne.

'Yar Damagaram: Kun tuna min da kakata Allah ya jiƙanta. Kakanmu ya tafi Makka ya zauna can, ita ba ta karatun wasiƙa sai ya riƙa aiko kaset ta hannun alhazai. A cikin kwalla take ɓoye su ƙarƙashin gado, naɗe da tsohon kallabi. Bayan ya rasu a can, duk Juma'a sai ta aike ni sayen batir. Akwai wani wuri da yake cewa a gaida yara sai tari ya sarƙe shi ya yi dariya, nan take mayarwa baya, sau biyar sau shida. Ranar da rikoda ta tauna zaren ta yi kuka kamar ranar aka yi rasuwar, da biro muka naɗe shi muka liƙe da jan farce. Ba wanda ya taɓa ce mata mai ciwo. Kaset biyu suna wurina har yau, ba abin kunnawa.

Maman Ilham: Allah sarki, har na yi ƙwalla. Allah ya jiƙansu.

Na Sabon Gari: Ni dai a ba yayanka kwangila ya dinga bin masu kamfen, rijiyar burtsatsen da aka yi mana alkawari sau uku muna son muryar 😂

Bazazzagi: Za su ce da kwamfuta aka haɗa. Waɗannan ai ba zarar bunu suke ba, jinkar gaba ɗaya suke yayewa.

Malam Ƙarami: Ku dawo kan magana. Ni "kunne ya girmi kaka" ma ya fi dacewa a nan.

Na Sabon Gari: Malam wannan kuma wata rigimar ce daban.

Ɗan Kurna: Yaya 'Yar Damagaram, na karanta masa labarinki ya yi shiru. Ya ce don Allah kar ki bari zafi ya taɓa kaset ɗin, yana da tsohuwar rikoda mai aiki. Matar dai har yanzu tana gidansu.