Wa ke tuƙa mutum, shi ko ƙwaƙwalwarsa? Muhawara a zauren 'yan gida

Auta: Assalamu alaikum 'yan gida. Kwana uku ke nan wani littafi da na aro a makaranta ya hana ni sakat. Kan ƙwaƙwalwa da halayyar ɗan Adam yake. Marubucin ya ce kashi 95 cikin 100 na abin da muke yi ba da saninmu ake yanke shi ba. Ƙwaƙwalwa ce ke gama shawara a ɓoye, sai daga baya ta sanar da mu, mu kuma mu ɗauka mu muka zaɓa. Hujjarsa gwajin Benjamin Libet ne na 1983 a San Francisco ta Amurka. An liƙa wa mutane wayoyi a ka masu auna wutar ƙwaƙwalwa, aka ce su motsa hannu duk sa'ad da suka ga dama, suna kallon wani ɗigon haske da ke zagayawa kamar hannun agogo, su faɗi inda yake lokacin da niyya ta zo musu. Sai aka ga ƙwaƙwalwa ta fara shiri kusan rabin daƙiƙa kafin motsin, shi kuwa mutumin bai ji niyyar ba sai da ta riga shi da kamar sulusin daƙiƙa. Ni dai na gamsu, zaɓi ba a hannunmu yake ba.

Kawu: Wa alaikumus salam. Auta, ni bokona bai yi nisa ba, amma wannan abin a jikina na san shi. Shekara 26 ina kan hanya. Sau nawa zan bar Kura da asuba, hankalina yana can wajen kuɗin makarantar yara, sai kawai in ga Kwanar Ɗangora a gabana. Wa ya canza giya? Wa ya kauce wa ramuka? Bara da damina akuya ta faɗo mini titi, wallahi ƙafata ta riga ni isa burki. Sai da mota ta tsaya cik sannan gabana ya faɗi. Yaron nan yana da gaskiya.

Yaya Babba: Kawu, a gafarce ni, taka burki daban, cewa mutum ba shi da zaɓi daban. Auta, wannan magana ba ƙarama ba ce, kada ka ɗauke ta da sauƙi don ka gan ta a littafin Turanci.

Anti Malama: Auta, fara da 95 ɗin. Duba ƙarshen littafin ka ga ko ya faɗi inda ya samo ta. Shekara da shekaru ina koyar da wannan darasi ga masu neman shaidar malanta, kuma tambayar da nake yi musu ita ce: kashi 95 na me? Tunani ake ƙirgawa ɗaya bayan ɗaya kamar buhunan masara? Bugun zuciya da numfashi suna cikin lissafin? Babu na'urar da ke raba aikin ƙwaƙwalwa gida ɗari ta ce biyar na sani ne. Kiyasi ne da aka yi ta maimaitawa har ya zama kamar an auna.

Shi kuma Libet, gwajinsa gaskiya ne, an maimaita shi an sake ganin wannan tashin wutar. Amma mutanen da ya gwada ba su kai goma ba, kuma abin da aka ce su yi motsa hannu ne wanda babu riba babu asara a cikinsa. Ba zaɓen miji ba ne, ba sayar da gona ba. Sannan a 2012 Aaron Schurger da abokan aikinsa a Faransa suka kawo wata fassara: wutar ƙwaƙwalwa dama kullum tana hawa da sauka, idan aka ce wa mutum motsa lokacin da ka ga dama, yakan motsa ne a daidai lokacin da ta hau. Idan haka ne, abin da Libet ya gani ba yanke shawara ba ne tukuna. Har yau masana ba su gama wannan gardamar ba.

Auta: Anti na duba, jimlar 95 ɗin ba ta da madogara, na yarda. Amma ga wanda ya fi tayar mini da hankali. A 2005 a Jami'ar Lund ta Suwidin, Petter Johansson da Lars Hall sun riƙa nuna wa mutum hotunan mata biyu, su ce wacce ta fi maka kyau. Ya nuna. Sai su yi dabarar hannu irin ta masu rufa-ido su miƙa masa wadda bai zaɓa ba, su ce faɗa mana dalilinka. Galibi ba a lura an musanya ba. Mutum ya zauna yana zayyana dalili, har ya ambaci ɗan kunnen da ke hoton da ya ƙi. Ba ƙarya yake yi da gangan ba, shi ma ya yarda da abin da yake faɗa. To idan dalilin da nake bayarwa bayan aiki ƙirƙirarsa ake yi, da me zan san ni na zaɓa?

Anti Malama: Wannan kam ka kawo mai nauyi, ba zan musa ba. Yana cikin abubuwan da suka fi tabbata a fannin: bakinmu ya fi saninmu saurin kawo dalili. Ina gani a ɗakin jarrabawa ma, ka tambayi ɗalibi me ya sa ya canza amsa, ya ba ka bayani tsaf wanda a lokacin ya haɗa shi. Abin da gwajin ya nuna shi ne ba mu iya ba da labarin kanmu daidai ba. Bai nuna cewa dogon nazari ba ya canza abin da mutum zai aikata ba.

Yaya Babba: Bari in ba Kawu hujjar da ta fi tasa akuyar. A makarantar koyon jinya an karanta mana labarin Henry Molaison. A 1953, yana ɗan shekara 27, aka yi masa tiyata a Amurka saboda farfaɗiya mai tsanani, aka cire wani sashe daga ɓangarori biyu na ƙwaƙwalwarsa. Farfaɗiyar ta yi sauƙi, amma daga ranar bai ƙara riƙe sabon abu ba. Ka gaisa da shi, ka fita ka dawo, baƙo ne kai. Wata mai bincike, Brenda Milner, ta sa shi bin layin zanen tauraro da fensir yana kallon hannunsa ta madubi kawai, aiki mai wuya. Kwana uku yana yi, kullum hannunsa na ƙara ƙwarewa, kullum kuma bai tuna ya taɓa yi ba. Don haka eh, hannu yana da abin da ya sani wanda mai hannun bai sani ba. Ni ma yatsana kan sami jijiyar jariri kafin idona ya gan ta. Amma Kawu, ranar da ka fara riƙe sitiyari haka ƙafarka take?

Kawu: Ina fa! Shekara huɗu ina yaron mota. Ranar farko da maigidana ya ba ni, gumi har cikin takalmi, ina kallon giya ina kallon hanya, mota ta mutu sau uku kafin mu fita daga tasha.

Yaya Babba: To ka gani. Da saninka ka koya mata, shekara da shekaru, sannan ta karɓa.

Baffa: Na jima ina karanta ku. Auta, ɗana, ka kwantar da hankalinka. Cewa abubuwa na ɗarsuwa a zuciyar mutum ba da izininsa ba, ba yau aka san shi ba. Buhari da Muslim sun ruwaito daga Abu Huraira cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya ce Allah ya yafe wa al'ummarsa abin da zukatansu suka raya musu matuƙar ba su aikata ko sun furta ba. An kuma ɗauke alƙalami daga mai barci har ya farka, da yaro har ya balaga, da mahaukaci har ya samu hankali. Ka ga an bambanta abin da ya zo maka da abin da ka yi da shi. Hisabi yana kan na biyun.

Auta: Baffa, Allah ya ƙara girma. Abin mamaki shi ma Libet kusan haka ya ce. A ganinsa a ɗan lokacin da ya rage tsakanin jin niyya da motsi, mutum na iya hana kansa. Wato kimiyya ta tabbatar da hadisin.

Anti Malama: A'a Auta, a nan zan riƙe ka. Ɗazu kana jingina da Libet don ka ce babu zaɓi, yanzu kana jingina da shi don ka tabbatar da hadisi. Wannan batu na hana kai ra'ayinsa ne, kuma wasu masana sun ja da shi. Idan gobe aka rushe shi, sai ka ce me? Maganar Baffa tana tsaye da ƙafarta.

Kuma rushewar tana faruwa. A 1996 John Bargh ya wallafa wani gwaji daga Jami'ar New York: an ba ɗalibai kalmomi su haɗa jimla, wasu an cusa musu kalmomin da ke tuna tsufa. Aka ce da suka fito sun fi sauran tafiya a hankali, ba tare da sun san dalili ba. Littattafai suka ɗauka suka yi ta yaɗawa. Har Daniel Kahneman, wanda ya ci kyautar Nobel a 2002, ya sa shi a littafinsa na 2011. A 2012 wasu masu bincike a Beljiyam suka maimaita, amma suka sa na'ura ta auna tafiyar maimakon mutum mai riƙe da agogo. Ba su ga bambanci ba. Ya fito ne kawai lokacin da aka sa masu gudanar da gwajin tsammanin ɗaliban za su rage sauri. A 2017 Kahneman da kansa ya rubuta cewa ya dogara fiye da kima da gwaje-gwajen da mutanen cikinsu ba su da yawa. Ina girmama shi saboda wannan, ba kowane babba ke iyawa ba. Amma littafin yana nan a kasuwa da babin a ciki. A 2015 kuma aka fitar da sakamakon maimaita gwaje-gwaje 100 na wannan fanni, waɗanda suka sake ba da sakamako mai ƙarfi ba su kai 40 ba.

Auta: Akwai babin tafiyar tsofaffin a nawa littafin ma. Har da labarin gidan siliman da aka riƙa walƙa "sha Coca-Cola" a majigi cikin ƙiftawar ido, ciniki ya tashi.

Anti Malama: James Vicary ke nan, wani mai harkar talla, a 1957. A 1962 ya amsa da bakinsa cewa dabarar tallata kamfaninsa ce, ba shi da binciken da zai tsaya a kai.

Yaya Babba: Bari in faɗi abin da ya sa na tsaya kai da fata tun farko. Watanni kaɗan da suka wuce ina aikin dare aka kawo wata yarinya, ba ta fi shekara 20 ba, da goyo a bayanta, leɓenta a fashe, ido ɗaya ya rufe. Ina wanke mata ciwon tana riƙe da gefen zanena don kada ta yi ƙara ta tashi jaririn. Mijin na tsaye a bakin ƙofa yana ta maimaita mini, "Sista, wallahi ban san lokacin da hannuna ya tashi ba." Auta, idan na ɗauki maganarka ta farko, sai in ce masa gaskiya ne, ƙwaƙwalwarka ce ta riga ka, je ka gida. Ba zan iya ba.

Kawu: Allah ya isar mata. Amma 'yata, kada ki ce ƙarya yake yi gaba ɗaya. Fushi yana rufe ido. Na taɓa ɗaga hannu a kan wani yaron motata da ya bar taya ba iska, sai da na ga ya kare fuska sannan na san na ɗaga. Har yau ina jin kunyar abin.

Yaya Babba: Ban ce bai ji haka ba, Kawu. Tambayata ita ce, me ya sa hannun nan bai taɓa tashi a gaban maigidansa a kasuwa ba, ko a gaban ɗan sanda a shingen hanya? Su ma suna ɓata masa rai. Hannun ya san inda aka saba ƙyale shi. Kamar ƙafarka da burki ne, koya masa aka yi. Kai kuma da ka ga yaron ya kare fuska, ka sauke ko ka kai masa?

Kawu: Na sauke.

Baffa: Shi ya sa aka ce wa mai fushi idan yana tsaye ya zauna, idan bai huce ba ya kishingiɗa. Ba a ce kada fushin ya zo ba, an ba shi abin yi idan ya zo.

Auta: Yaya, na janye cewa babu zaɓi. Amma na hotunan nan bai bar ni ba. Jiya na zauna ina tambayar kaina me ya sa na zaɓi kwas ɗin da nake yi, na kawo dalilai uku masu kyau, kuma ban san ko ɗaya daga cikinsu ne ya kai ni ba, ko don abokina ya riga ni cike fom ne.

Anti Malama: Wannan tambayar ka riƙe ta, ni ma ina yi wa kaina ita. Ka zo mini da littafin ranar Juma'a bayan masallaci, da fensir. Za mu bi shi babi babi, mu sa alama a gwajin da aka maimaita ya tsaya da wanda ya faɗi. Ka fara karanta babin Molaison idan akwai, wannan na san zai tsaya.