Wane ne ya tsara kiɗan fim ɗin Ar-Risala?

Ɗan Fagge ya rubuta:

Assalamu alaikum. Tun ina yaro nake kallon fim ɗin Ar-Risala, musamman a watan azumi, kuma har yau idan kiɗan farkonsa ya tashi sai tsikar jikina ta tashi. Kwanan nan aka ce mini Bafaranshe ne ya tsara shi, abin da ya ba ni mamaki ƙwarai. Ina roƙon masana su yi mana bayani a kan wannan mutum da irin salonsa.

Tsohon Malami ya amsa:

Wa alaikumus salam, ɗana. Gaskiya aka gaya maka. Sunansa Maurice Jarre, an haife shi a birnin Lyon na Faransa a 1924, ya rasu a Amurka a 2009. Shi ne ya yi wa darakta Moustapha Akkad kiɗan wannan fim na 1976, kuma shi ne ya yi masa na fim ɗin Umar Mukhtar. Abin da ya kamata ka lura da shi shi ne, tun yana ɗalibi a makarantar koyon kiɗa ta Paris ganguna da sauran kayan bugu ya fi ƙwarewa a kansu, daga baya kuma ya shafe sama da shekara goma yana jagorantar kiɗa a gidan wasan kwaikwayo na ƙasa ƙarƙashin shugaban gidan, Jean Vilar. Wannan tarbiyya ba ta bar shi ba. Saurari farkon Lawrence of Arabia na 1962, za ka ji ganguna sun fara tsawa su kaɗai, sannan kayan goge su shigo da wani amo mai faɗi wanda ke sa ka ga rairayin hamada kafin kyamara ta nuna maka shi. A ganina darajarsa a nan take, domin ya iya sa wa wuri murya.

'Yar Damagaram ta amsa:

Baba Malam, Allah ya ƙara basira. Zan ƙara da cewa kyaututtukan Oscar uku da ya samu duk a finafinan darakta David Lean ne: Lawrence of Arabia da kuka ambata, da Doctor Zhivago na 1965, da A Passage to India na 1984. A Zhivago ya yi amfani da balalaika, wato molon Rashawa, ya riƙa dawo da amo guda ɗaya duk lokacin da zancen Lara, jarumar fim ɗin, ya taso, kodayake ni ina ganin maimaicin ya ɗan yi yawa.

Tsohon Malami ya amsa:

Ba ki yi kuskure ba, 'yata, amma daga baya ya sauya hanya. A fim ɗin Witness na 1985 ya ajiye babbar ƙungiyar makaɗa ya koma ga na'urorin kiɗa na lantarki, fagen da ɗansa Jean-Michel Jarre ya riga ya yi suna a cikinsa. Ki saurari wurin da manoma suka taru suna gayyar ɗaga rumbu, ki ji yadda sautin ke hawa a hankali tare da ginin.