Musayar waƙa kan Mick Ronson, mai jitar David Bowie

Mai Tsohon Faifai: Salam jama'a, jiya da daddare na sake kunna faifan Ziggy Stardust na 1972 wallahi abin ya tsaya min a rai, kowa Bowie Bowie amma wanda ya sa jitar nan kuka ba mai ambatonsa, to ga baitina mai amsawa bismilla.

Da sunan Allah na ɗau alƙalami,
In yabi Mick Ronson ɗan Hull, gwanin tsirkiya.
A 1946 aka haife shi can Ingila,
Piyano da gogen Turawa ya koya tun ƙuruciya.
Kiɗa ya ƙi ci da shi, ya kama aikin lambu,
Hukumar garinsu yake wa, tun da safiya.
Yana shata layi a filin wasan rugby,
Makaɗin gangar Bowie, John Cambridge, ya ce taso, Landan za mu yi tafiya.

Anti Mai Shayi: Sannu ƙanena, amma ka ɗan yi son kai fa.

Ƙanena ka yi waƙa, sai dai ka bar baya,
Bowie ne mai rubutun, muryar tasa ce gaba ɗaya.
Ba don ya karɓe shi ba a 1970,
Da ɗan Hull na lambu yana ban ruwa yana shan wuya.
Ɗan amshi komai zaƙin muryarsa,
Bayan uban waƙa yake, ka faɗi gaskiya.

Malam Na Gefe: Hajiya a yi haƙuri in sa baki, ni na daɗe ina bibiyar mutumin nan kuma kiransa ɗan amshi bai yi min ba sam.

Hajiya kin ji gogen da ke cikin waƙar Bowie, Life on Mars?
Ronson ya tsara shi a 1971, ba jayayya.
Faifan Transformer na Lou Reed su biyu suka haɗa,
Gogen Perfect Day ma shi ya shirya.
Baƙar jitarsa Les Paul ya kankare fentin,
Ta koma launin katako, kukanta har cikin zuciya.
Ran 3 ga Yuli 1973 a zauren Hammersmith na Landan,
Bowie ya ce wasan ƙungiyarsu ya ƙare, a kan dandali ya juya baya.
Makaɗansa Bolder da Woodmansey a nan suka fara ji,
Abokan tafiya kenan, ko a kunne ba a raɗa musu ɗaya.

Anti Mai Shayi: Malam wannan ta Hammersmith ta taɓa ni ban musa ba, amma amsa min wannan.

Da ya fita shi kaɗai a 1974,
Ina sunan ya kai, in ba tsoron gaskiya?

Mai Tsohon Faifai: Anti ai ba kowa aka halitta don tsayawa gaba ba, wani hannunsa sai a gefe yake albarka kuma ba raini ba ne.

Mawaƙi Ian Hunter ya riƙe shi shekara da shekaru,
Bob Dylan ya ɗauke shi 1975 suka zaga a tafiya.
Mawaƙi Morrissey ya ba shi haɗa faifansa a 1992,
Ciwon daji na cin hantarsa, bai ajiye tsirkiya.
A Wembley wajen tunawa da Freddie Mercury,
Ya tsaya gefen Bowie kamar jiya.
Ran 29 ga Afrilu 1993 ya cika,
Shekara 46 kacal ya yi a duniya.

Malam Na Gefe: Hajiya ki nemo Moonage Daydream ki saurari ƙarshenta inda Bowie ya yi shiru jitar ta karɓe, sai ki dawo da baitinki muna nan.

Anti Mai Shayi: To Malam na sa belin kunne yanzu haka, baitin sai gobe in Allah ya kai mu.