Waɗanda suka taɓa haɗuwa da beyar girizli a lardin Alberta na Kanada, ku zo mu ji

Mai tambaya, Calgary:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Ni sabon zuwa ne, karatu ya kawo ni, abokan karatuna sun shirya zamu je gandun dajin Banff cikin watan Agusta mu kwana biyu a tanti, to tunda aka ce min akwai beyar girizli a wajen wallahi hankalina bai kwanta ba. Dan Allah wanda ya taɓa ganinta da idonsa ya faɗa mana yadda aka yi.

Wani yaya, Calgary:
Wa'alaikumussalam ƙanina. Ni na haɗu da ita a Kananaskis, wani yankin duwatsu kusa da Banff, shima a Agusta, lokacin da 'ya'yan itatuwan nan jajaye ƙanana suke nuna, su ne abincinsu a wannan lokacin, wuni suke suna ci don su tara kitse kafin su shiga rami baccin hunturu. Mu biyu ne muna tafe shiru, kuma shirun nan shine kuskuren mu, mu da muka taso a gida an koya mana in ka shiga daji ka kama bakinka, nan kuwa so ake kayi ta magana da ƙarfi ta jiyo ka tun daga nesa ta kauce. Muna shan kwana sai gata kamar taku talatin, ta sunkuyar da kai cikin ganye, ga tozo a kafaɗarta kamar na sa, da shi ake bambanta ta da baƙar beyar don launi yana ruɗa mutum. Ƙafata har ta ɗauki gudu abokin tafiyata ya damƙe min hannu. Tana iya gudun kilomita 55 a awa, ina zaka je? Magana yayi ta mata a hankali muna ja da baya muna fuskantarta, ta ɗago ta shinshina iska ta koma kan cinta. Sai da muka isa mota na ji jikina yana rawa.

Wata 'yar uwa, Edmonton:
Ni nawa da dare ne. Mun je da yara, na taho da kilishi daga gida da man shanu, na bar su a jaka bakin tanti. Wajen ƙarfe biyu naji wani abu yana huci yana zagaye mu, na riƙe yaran ina ta Hasbunallahu har ya tafi. Da safe ma'aikaciyar gandun ta nuna mana sawun, faratan sun fito zar a gaban tafin, tace girizli ce. Ta bayyana min cewa duk abinda yake da ƙamshi, abinci, man goge baki, turare, har tukunyar da aka yi girki, a mota ake kulle shi ko cikin akwatin ƙarfen da suka tanada. Abinda ya tsaya min a rai har yau, tace beyar da ta saba samun abinci a wajen mutane dawowa take ta yi, ƙarshenta sau da yawa kashe ta ake. Kenan sakacina zai iya jawo ajalin dabbar da ba ruwanta.

Wani direban babbar mota:
Hajiya ta faɗi gaskiya. Ni daga cikin mota na ga uwa da 'ya'ya biyu a gefen hanya kusa da Lake Louise, mutane sun tsaya suna fitowa da waya suna matsawa, alhali dokar gandun tace mita 100. Uwa mai 'ya'ya ita ce mafi hatsari. Kuma ba su da saurin yaɗuwa, a rami take haihuwa cikin Janairu ko Fabrairu, ɗan bai wuce rabin kilo ba, ya zauna da ita shekara biyu zuwa uku kafin ta sake haihuwa, shi yasa tun 2010 Alberta ta sa su cikin dabbobin da ke fuskantar barazana. Mota da jirgin ƙasa suna kashe su, hatsin da ke zuba a kan layin dogo yana jawo su. Gadojin nan da kuke gani a saman babbar hanyar Banff masu ciyawa a kai, don dabbobi aka gina su. Ko a Amurka ma wata shahararriyar girizli da ake kira da lamba 399 mota ce ta kashe ta a Oktoban 2024, tana shekara 28.

Wani dattijo, Hinton:
Yaro ka sayi feshin barkonon beyar, ka rataya a ƙugu, kada ka sa a ƙasan jaka. Sau ɗaya na fesa a wajen aiki, ta taso min da gudu kunnuwa a kwance, na jira ta matso na fesa ƙasa ƙasa saitin fuskarta, ta juya ta shige kurmi, iska ta dawo min da kaɗan idona yayi ta zubar ruwa kusan awa. In Allah ya kiyaye har ta kai ga jikinka don kare 'ya'yanta, ka kwanta rub da ciki, ka rufe ƙeya da hannuwa, ka ware ƙafafu, kada ka tashi sai ka tabbata ta tafi. A 2023 girizli ta kashe mutum biyu da karensu a cikin Banff, don haka ba abin wasa bane. Ku tafi mutum huɗu zuwa sama.

Mai tambaya, Calgary:
Na gode Baba, na gode kowa, Allah ya saka da alheri. Mu biyar ne, gobe zan je in sayi feshin. Baba ana koya yadda ake cire makullinsa a shagon ko sai na nema daban?