Shawarwarin da aka ba wata mai neman kuɗin ciyarwa a Garwa, Kamaru

Mata sun tattauna kan wata 'yar'uwa da mijinta ya bar ta da yara uku, ko buhun masara bai aiko ba. Yawancinsu suka ce a fara da iyaye da liman, in ya ƙi a je wajen alƙalin Lamiɗo.

Shawarar da ta fi kama hankalina ta wata dattijuwa ce: "'Yata, riƙe takardun haihuwar yara da rasit na makaranta da na asibiti." Gaskiya ta faɗa, kotu takarda take dubawa. Dokar hukunta laifuka ta Kamaru ta 2016 ta tanadi ɗauri ko tara ga wanda kotu ta yanka wa kuɗin ciyarwa ya wuce wata biyu bai biya ba.